Microsoft Store ya ƙi aiki a laftof: abin da za a duba kafin a kai ga fomatin

Tambaya: "Assalamu alaikum. Na sayi laftof ta hannu mai Windows 10. Ina so in sauke WhatsApp da wasu manhajoji daga Microsoft Store, amma wani lokaci sai ya buɗe ya yi ta juyi, wani lokaci ya ce in sake gwadawa, ya rubuta 0x80131500. Ranar da ya yarda ya buɗe kuma, manhajar ta tsaya a kan Pending, ko motsi ba ta yi ba. Intanet ɗina lafiya lau, har YouTube nake kallo a Chrome. Mai gyara ya ce sai dai fomatin. Akwai wata hanya?"

Wa'alaikumus salam, ɗan'uwa. Akwai hanya, kuma ka dakata da maganar fomatin tukuna. Daga bayaninka matsala biyu ce ta haɗu maka: ƙin buɗewa da waccan lamba daban, tsayawa a kan Pending daban, kuma kowacce da inda take fitowa.

Abin da za ka fara riƙewa shi ne Store ba ya tsaye da ƙafafunsa. Kamar mai shago yake wanda ba shi da motar dakon kaya: shi dai nasa ya jera maka hotunan manhajoji, amma masu kawo kayan su sauke su a kwamfutarka wasu ne daban, kuma su ɗin ne dai ke kawo sabuntawar Windows. Saboda haka yawancin abin da ake kira lalacewar Store, in aka bi diddigi, ba a jikinsa take ba. Ko agogo ne, ko saitin haɗi da intanet na Windows, ko kuma wani ya kashe Windows Update. Haka nan don Chrome yana aiki ba hujja ba ce. Chrome yana da nasa tsarin ƙulla amintaccen haɗi da shafuka, shi kuwa Store da na Windows yake dogara, don haka ɗaya na iya tafiya ɗaya ya tsaya cak a kan intanet guda.

Kafin ka taɓa komai, danna maɓallin Windows tare da R, ka rubuta winver, ka danna Enter. Ƙaramin akwati zai nuna maka irin Windows ɗin da lambar zubinsa. Zubi na ƙarshe na Windows 10 shi ne 22H2. Idan ka ga irin su 1803 ko 1809, wato na shekarar 2018, to an daɗe ba a sabunta kwamfutar ba, kuma ko Store ya buɗe wasu manhajojin za su ce Windows ɗinka ya tsufa. Idan ka ga LTSC a cikin sunan, wannan dama ba ya zuwa da Store tun daga kamfani, sai dai in wani ne ya cusa shi daga baya. Microsoft ta daina tallafa wa Windows 10 a ranar 14 ga Oktoban 2025, amma hakan bai rufe Store ba, don haka kada wani ya ce maka shi ne dalili.

Sai agogo. Duba ƙasan allo ta dama, kwanan wata da lokaci. Store yana tantance takardun shaidar sabar Microsoft, wato manyan kwamfutocinta da yake haɗuwa da su ta intanet, kuma kowace takarda tana da ranar fara aiki da ranar ƙarewa. In kwamfutarka tana ganin ana 2016 ne, a wurinta takardar ba ta fara aiki ba, sai ta ƙi haɗin. Lambar da ta fi fitowa a nan ita ce 0x80072F8F. Tunda Chrome bai yi maka ƙorafi ba, da wuya a ce naka ya kauce da shekaru. Abin da ake yawan samu a laftof ɗin da aka shigo da su daga waje shi ne yankin lokaci yana nan a kan na Amurka ko na Turai, wanda ya sayar kuma ya juya awa da hannu don ta yi daidai da tamu. A ido lokaci daidai ne, amma a lissafin kwamfutar ya goce da awoyi, kuma wannan kan iya hana shiga asusu da karɓar lasisin manhaja. Shiga Settings, Time & Language, Date & time. Wanda ke Najeriya, Nijar, Kamaru ko Chadi ya zaɓi West Central Africa, mai UTC+01:00. Na Ghana UTC+00:00 ne, na Sudan kuma UTC+02:00. Kunna Set time automatically, ka danna Sync now. In kuwa kullum ka kashe kwamfutar ka kunna sai agogo ya koma baya, ƙaramin batirin da ke jikin babban allonta ne ya mutu. Galibi CR2032 ne mai bolt 3, a laftof da yawa an naɗe shi da roba da 'yar waya, kuma sauya shi ba shi da tsada. Ba wani umarni da zai maye gurbin wannan batirin. Tunda kana wajen, leƙa Region ka tabbatar ƙasar da aka zaɓa ita ce wadda kake ciki, don wasu manhajojin ba sa fitowa a kowace ƙasa.

Yanzu ga lambar da ka turo. 0x80131500 ba ta faɗin takamaiman abu guda, amma abin da aka fi kamawa a bayanta shi ne an kashe TLS 1.2, wato ƙa'idar tsaron da sabar Microsoft ke buƙata kafin ta saurare ka. Danna Windows da R, rubuta inetcpl.cpl. A akwatin da ya fito, je shafin Advanced, ka gangara har ƙasa. Tabbatar akwai alama a gaban Use TLS 1.2, da Use TLS 1.3 idan ya fito. Cire alamar da ke kan SSL 3.0 in akwai. Kada ka rufe tukuna, koma shafin Connections ka danna LAN settings. In ka tarar da alama a kan Use a proxy server alhali ba kai ka sa ba, cire ta. Wannan saitin saura ne da manhajojin VPN da na neman intanet kyauta ke bari bayan an goge su, su tafi su bar Windows yana aika saƙo ta ƙofar da babu kowa. Akwai kuma wani saitin makamancinsa da ba ya fitowa a wannan akwatin, shi ake sharewa da umarni. Rubuta cmd a wurin bincike, danna dama a kansa, zaɓi Run as administrator, ka shigar da waɗannan ɗaya bayan ɗaya:

netsh winhttp reset proxy
netsh winsock reset
ipconfig /flushdns

Ka sake kunna kwamfutar bayan haka, kuma Restart za ka danna, ba Shut down ba, domin Shut down a Windows 10 yakan adana wani ɓangare na tsarin ya dawo da shi yadda yake. In akwai VPN da ke kunne, kashe shi gaba ɗaya lokacin gwaji. In lambar da ke fitowa 0x80072EE7 ce, kwamfutar ce ta kasa gano adireshin sabar, sai ka sauya DNS, wato sabar da ke nemo wa kwamfuta adireshin shafuka, zuwa 8.8.8.8 da 1.1.1.1, ko mafi sauƙi ka gwada layin wani kamfanin. Gwaji da layi na biyu yana raba gardama cikin minti biyu: in Store ya buɗe a can, ba kwamfutar ba ce.

Daga nan sai ka wanke ma'ajiyar wucin gadi ta Store. Windows da R, rubuta wsreset.exe. Baƙin akwati zai fito babu rubutu ko ɗaya. Kada ka rufe shi, mutane da yawa a nan suke ɓata aikin don suna zaton ya maƙale. Bar shi, daga daƙiƙa goma zuwa minti ɗaya ko fiye a kwamfuta mai nauyi, zai rufe kansa Store ya buɗe. Ba ya goge manhajojinka. In bai wadatar ba, shiga Settings, Apps, Apps & features, nemo Microsoft Store, danna Advanced options, ka danna Terminate sannan Reset. A sababbin zubin Windows 11 an mayar da shi ƙarƙashin System, System components, kuma a can akwai Repair da ya kamata a fara gwadawa kafin Reset. Bayan Reset za a iya neman ka sake shiga asusunka.

To, sai babbar magana, wato Pending. A nan na fi zargin laftof ɗinka, domin ta hannu ce. Kowa ya san tsadar data, kuma kowa ya san Windows Update na iya shanye gigabait biyu ko uku a dare ɗaya ba sallama. Saboda haka masu sayarwa da masu gyara da yawa sukan kashe shi tun kafin su miƙa wa mai saye, wasu da hannu, wasu da wata 'yar manhaja mai toshe shi. Niyyar mai kyau ce, amma ta wannan hanyar ce Store ke sauke kaya. Sai ka ga shagon ya buɗe, ka danna Get, abu ya tsaya yana jiran abin da ba zai zo ba. Wani lokacin yakan fito da 0x80070422, wadda ma'anarta kai tsaye ita ce an kashe wata hidimar da ake buƙata.

Windows da R, rubuta services.msc. Jerin zai fito bisa haruffa. Waɗanda za ka duba su ne Windows Update, Background Intelligent Transfer Service, Delivery Optimization, Microsoft Store Install Service, Client License Service, AppX Deployment Service, Cryptographic Services, da Windows Defender Firewall. Ba sai kowanne yana kan Running ba, da yawansu sai an buƙace su suke tashi. Abin da ba a so shi ne ka ga Disabled a layin Startup Type. Wanda ka samu haka, danna shi sau biyu, mayar da shi Manual (Delivery Optimization, Cryptographic Services da Windows Defender Firewall kuwa Automatic), danna Apply, sannan Start. Windows Defender Firewall ɗin nan yakan ba mutane mamaki, me ya haɗa katangar tsaro da sauke manhaja? Kowace manhajar Store sai ta yi rajistar izinin shiga intanet a wurinta yayin sakawa, in hidimar a kashe take sakawar ta faɗi da 0x80073D0A. Masu saka manhajojin sata ne suka fi kashe ta.

Za ka iya tarar da akwatin zaɓin ya yi toka-toka ba ya dannuwa, ko ka mayar da shi Manual ya sake komawa Disabled da kansa. In ya koma da kansa, akwai manhajar toshewa a kwamfutar. Nemo ta a Desktop ko Downloads ko cikin jerin manhajoji, sunanta yakan ƙunshi kalmar update da blocker ko disable, ka buɗe ta ka zaɓi kunnawa daga cikinta, don ita ta kulle ita ke da mabuɗi. In kuwa toka-toka ne kawai, kamar yadda Delivery Optimization kan yi, sai a bi ta regedit, wato rumbun saitunan Windows da ake buɗewa da Windows da R a rubuta regedit: HKEY_LOCAL_MACHINE\SYSTEM\CurrentControlSet\Services, ka nemi DoSvc, ka buɗe Start. Lamba 4 na nufin a kashe, 3 sai an buƙata, 2 kuma ya tashi da kansa. Na DoSvc 2 ne. Ka sauya wannan lambar kaɗai, ka fita, ka yi Restart. Regedit ba wurin yawon buɗe ido ba ne.

Na san abin da zai zo maka a rai: in na kunna, datata fa? Ga yadda ake yi ba tare da an karya komai ba. Kafin ka haɗa intanet, shiga Settings, Update & Security, Windows Update, Advanced options, ka dakatar da sabuntawa. Windows 10 na ba da har kwana 35. Sannan a Delivery Optimization ka kashe Allow downloads from other PCs. A ranakun da ba ka sauke komai, ka kunna Set as metered connection a kan layin da kake amfani da shi, shi ke gaya wa Windows cewa data a ƙirge take. Sai dai ka tuna shi ma wannan saitin yana sa Store ya riƙe saukewa, don haka yanzu da kake gwaji, shiga Network & Internet, Wi-Fi, danna sunan layin, ka tabbatar a kashe yake. Wanda ke jawo data daga wayarsa ya fi kowa faɗawa wannan tarkon. Shawarata dai, ka ware rana guda ka sayi datar dare ko ka sami wurin da ke da Wi-Fi ka bar kwamfutar ta sabunta har 22H2. Yawancin wannan wahalar daga rashin yin hakan take.

Idan hidimomin duk suna lafiya amma har yanzu Pending, wataƙila fayilolin da aka fara saukewa ne suka lalace, abin da ke faruwa in wuta ta ɗauke ko data ta ƙare ana tsakiyar aiki. A cmd na administrator:

net stop wuauserv
net stop bits
ren C:\Windows\SoftwareDistribution SoftwareDistribution.old
net start bits
net start wuauserv

Suna muka sauya wa foldar, ba mu goge ta ba, Windows zai ƙirƙiri sabuwa. In ya ce Access is denied, ɗaya daga cikin hidimomin ta sake tashi, maimaita layi biyun farko ka yi sauri. Duba kuma sararin da ya rage a C. Ƙananan laftof masu ma'ajiyar gigabait 32 ko 64 sukan cika ba a sani ba, lambar ita ce 0x80070070. Kuma in an taɓa saita sababbin manhajoji su riƙa sauka a katin memori ko wata ma'ajiyar da yanzu ba ta jiki, mayar da shi C a Settings, System, Storage, Change where new content is saved.

Akwai wani nau'in da ya keɓanta da laftof ɗin da suka fito daga ofisoshi da makarantun ƙasashen waje ba a sake musu Windows ba. In ka ga rubutu a shafin Windows Update yana cewa Some settings are managed by your organization, to tsohon wurin aikin ya bar dokokinsa a ciki. Wata dokar tana tura kwamfutar neman sabuntawa a sabar kamfanin, wadda ba za ta taɓa samu daga nan ba, sai Store ya ba da 0x8024500C. Wata kuma rufe Store ɗin take yi ɗungurungum, ya ce an toshe shi, da 0x800704EC. Suna zaune a regedit ƙarƙashin HKEY_LOCAL_MACHINE\SOFTWARE\Policies\Microsoft, ta farko a Windows\WindowsUpdate, ta biyu a WindowsStore da sunan RemoveWindowsStore. Ana iya cire su, amma gaskiya irin wannan kwamfutar ita ce ta cancanci sabon Windows, don ba ka san me kuma aka bari a ciki ba. Wanda kuma laftof ɗin ta wurin aikinsa ce aka ba shi, kada ya taɓa, ya je wurin masu kula da kwamfutocin ofishin.

In an wuce duk wannan Store bai buɗe ba, ko yana buɗewa ya rufe nan take, sai a sake yi masa rajista. Danna dama a kan Start, zaɓi Windows PowerShell na Admin, ka tabbatar Store a rufe yake, ka shigar da wannan a layi guda:

Get-AppxPackage -AllUsers Microsoft.WindowsStore | Foreach {Add-AppxPackage -DisableDevelopmentMode -Register "$($_.InstallLocation)\AppXManifest.xml"}

Kwafa za ka yi ka liƙa, kada ka rubuta da hannu, harafi ɗaya ya kauce ya ƙi. In jan rubutu ya fito da 0x80073D02, Store na nan kunne a ɓoye, kashe shi a Task Manager ka maimaita. In umarnin ya wuce shiru amma ko alamar Store babu a Start, to an cire shi ne gaba ɗaya, sai ka gwada wsreset -i a cmd na administrator da intanet a haɗe, ka ba shi mintuna kaɗan. Za ka ga irin wannan umarnin a intanet ba tare da Microsoft.WindowsStore a ciki ba, wanda ke sake rajistar kowace manhaja a kwamfutar. Ban ba ka shawarar sa ba, jan rubutu yake zubowa shafi-shafi, ba kuma ka san wanne ne naka ba.

Gwaji mai amfani a wannan matakin shi ne ka buɗe sabon asusun mai amfani a Settings, Accounts, Family & other users, ka shiga ta cikinsa ka buɗe Store. In ya yi aiki a can, Windows lafiyarsa ƙalau, tsohon asusun ne ya lalace, sai ka kwashe fayilolinka ka koma sabon. In can ma bai yi ba, lalacewar a jikin Windows take, sai waɗannan biyun, a jere kamar haka:

DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth
sfc /scannow

Na farko yana gyara ma'ajiyar da na biyu ke ɗebo lafiyayyun fayiloli daga ciki, shi ya sa yake gaba. Yana buƙatar intanet da Windows Update a kunne. Yakan tsaya a wajen kashi 62 cikin ɗari kamar ya mutu, bai mutu ba, sa caja ka ƙyale shi.

Abubuwa uku kada ka yi, ko wa ya ce maka. Kada ka ƙwace ikon foldar C:\Program Files\WindowsApps don ka leƙa ciki ko ka goge wani abu, izinin da ke kanta na musamman ne, in ya rikice duk manhajojin Store har da Calculator da Photos za su iya daina buɗewa. Kada ka cire Store da Remove-AppxPackage da sunan za ka sake sakawa, cirewar daƙiƙa ce, mayarwar ita ce aiki. Kuma kada ka sauke wata manhajar da ke alkawarin gyara kowace lambar kuskure da danni ɗaya.

Matakin ƙarshe kafin fomatin shi ne ɗora Windows a kan Windows. Ka samo ISO na Windows 10 22H2, wato fayil ɗin da ake saka Windows da shi, daga shafin Microsoft, girmansa ya kai gigabait 5 zuwa 6, ka danna shi sau biyu daga cikin Windows ɗin da ke aiki, ka buɗe setup.exe, ka zaɓi Keep personal files and apps. Wannan yana sabunta dukkan fayilolin tsarin, ya dawo da Store, ya bar takardunka da manhajojinka a inda suke. Harshen ISO ɗin sai ya dace da na Windows ɗin da ke ciki, in ba haka ba zaɓin zai ƙi dannuwa, kuma English na Amurka da English International ba ɗaya ba ne a wurinsa. Duk da haka kwafe muhimman fayilolinka a filasha kafin ka fara, kuma kada ka fara sai batir ya cika ko kana da tabbacin wuta na awa biyu.

Inda mai gyaranka zai yi gaskiya shi ne in Windows ɗin da ke ciki irin wanda aka yi wa aski ne, masu suna Lite ko Super Lite da ake sakawa don tsohuwar kwamfuta ta yi sauri. Waɗannan an fizge musu Store da Windows Update tun daga tushe, DISM ba ya samun abin da zai gyara da shi, ɗorawar ma sau da yawa ba ta yiwuwa. A nan sai sabon Windows, kuma ka tsaya a kansa ya saka na asali daga Microsoft, ka kuma ce masa kada ya kashe maka Windows Update. Kafin nan, WhatsApp ɗin da kake nema yana aiki a Chrome ta web.whatsapp.com, sai ka haɗa shi da wayarka ta Linked devices. In ka bi matakan wani ya ba ka lambar da ba ta cikin waɗanda na ambata, turo ta tare da abin da winver ya nuna da kuma sunan hidimar da ka samu a kashe.